BAYAN ALLO: Dutsen juya lokaci da fim ɗin da Daura ke jira

Duk wanda ya kalli Doctor Strange na 2016 ba zai manta da koren dutsen nan da jarumin ke ratayawa a wuya ba. Ya gwada shi a kan tuffa: ya murza hannu gaba, ta zama saura; ya murza baya, ta dawo sumul kamar ba a taɓa gatsa mata haƙori ba. Da shi ya ɗaure mugun nan Dormammu, ana kashe shi yana dawowa, har mugun ya gaji ya amince da sulhu. A Avengers: Infinity War na 2018 kuwa, da dutsen ya faɗa hannun Thanos, kowa ya ga inda aka kwana.

Mai karatu, kada wani ya ruɗe ka, wannan dutse ƙagaggen abu ne. Gaskiya ne a 2012 wani masanin kimiyya Ba'amurke, Frank Wilczek, ya kawo batun wani abu da ya kira lu'ulu'un lokaci, kuma bayan 'yan shekaru aka samar da shi a ɗakunan gwaji na jami'o'in Maryland da Harvard. Amma nasu wasu ƙwayoyi ne ƙanana da ke maimaita motsi iri ɗaya a kai a kai. Ko zuwa jiya da yamma ba su kai mutum.

To me ya sa ƙarya ƙiri-ƙiri ke riƙe 'yan kallo awa biyu ba ko tari? Na farko, Bahaushe ya ce da-na-sani ƙeya ce, kuma babu mai rai da ba shi da wata rana da yake fatan a dawo masa da ita. Na biyu, masu rubuta waɗannan finafinai suna gindaya wa dutsensu doka. A Prince of Persia: The Sands of Time na 2010, wuƙar jarumin tana da marikin ƙarau cike da yashi. Minti ɗaya kacal take mayar da shi baya, kuma duk dannawa yashin na raguwa. A fim ɗin Indiya mai suna 24, wanda Suriya ya fito a ciki a 2016, agogon da farko ba ya wuce awa ashirin da huɗu. Ɗan kallo ya san iyakar abin, shi ya sa gabansa ke faɗuwa in jarumi ya kusa ƙure ta.

A nan ne finafinan siddabaru na industiri ke yawan yin tuntuɓe. Boka na zaune cikin kogo da jan ƙyalle da ƙaho, ya yi dariyar nan tasu, hayaƙi ya tashi, fat! mutum ya ɓace. A sin na gaba bokan da ya ɓatar da mutum ya kasa buɗe ƙofar langa-langa, don kawai darakta na so a kama shi. Abin da zai iya da wanda ba zai iya ba, Allah kaɗai ya sani. In an yi magana furodusa ya ce ai babu kuɗi. Alhali mayar da hoto baya tsohuwar dabara ce: tun wajejen 1896 'yan'uwan nan na Faransa, su Lumière, suka riƙa nuna rusasshen bango yana miƙewa. Yau ko yaro mai waya zai yi maka shi. Matsalar tana wajen alƙalami.

Kuma ba a ce Hausa ba ta da gadon irin wannan labari ba. Ruwan Bagaja na Abubakar Imam tun 1934 yake hannun mutane. A 1969 Umaru Dembo ya fitar da Tauraruwa Mai Wutsiya, inda ya kai yaro Bahaushe yawon sararin samaniya. Kamfanin Sarauniya na Kano ya ɗauki tatsuniyar Daskin-da-Riɗi ya mayar da ita fim, aka yi ta rububinsa.

Amma in ana neman wurin da labarin lokaci zai zauna daram, a je Daura. A yadda labarin ya zo, macijin rijiyar Kusugu, mai suna Sarki, ba ya bari a ɗebi ruwa sai ranar Juma'a. Ka ga doka ta lokaci tun kafin a haifi kakan Marvel. Baƙo Bayajidda ya sauka da dare gidan wata tsohuwa, Ayana, ya nemi ruwa, ta ce babu sai Juma'a. Ya karɓi guga ya nufi rijiya, ya sare kan macijin. Sarauniya Daurama ta aure shi, aka haifi Bawo, 'ya'yan Bawo shida suka riƙe Daura, Katsina, Zazzau, Gobir, Kano da Rano, ga Biram ta cike Hausa Bakwai. Masana tarihi na ta muhawara a kan labarin, amma mai fim ya samu filin sukuwa.

A ƙaddara wani matashi mai ga-ruwa daga Mai'aduwa ya zo Daura lokacin Sallar Gani. Ya zura guga a Kusugu, sai ga wani farin dutse mai walƙiya a ciki. Dokarsa biyu ce: ba ya aiki sai ranar Juma'a, kuma duk tafiya ɗaya sai mai shi ya manta da mutum ɗaya cikin waɗanda yake ƙauna. Dutsen ya jefa shi daidai daren da baƙon ya sauka, ga jarkarsa a kafaɗa. Ya ga bawan Allah da dokinsa cikin ƙishirwa, tausayi ya kama shi, ya juye masu ruwan. Baƙo ya sha, ya yi godiya, da asuba ya wuce abinsa. Ba wanda ya je rijiya. Yaro ya dawo zamaninsa ya tarar maciji na nan daram, babu Bawo, babu Hausa Bakwai, garin da ya sani ya koma wani abu dabam. Yanzu dole ya jira wata Juma'ar, ya koma ya hana mai ƙishirwa ruwa da hannunsa, kuma ya san wannan karon mahaifiyarsa zai manta, ko yarinyar da aka sa masu rana. Ga soyayya, ga kuka, ga wurin waƙa ga masu son waƙa. Kayan aikin kuwa jarka, doki, rawani da dutse ɗaya.

Sai dai a yi hattara da abu biyu. Bayajidda da Daurama ba 'yan wasan barkwanci ba ne a wurin mutanen Daura, Zango, Ɓaure, Sandamu da Mai'aduwa. Mai hankali zai fara kai gaisuwa fadar Mai Martaba Sarkin Daura, Alhaji Faruƙ Umar Faruƙ, ya zauna da masu riƙe da tarihin gidan kafin ya kunna kyamara. Na biyu, Hukumar Tace Finafinai ta Jihar Kano, wadda aka kafa a 2001, da malamai, za su sa ido a kan duk abin da ya yi kama da jayayya da ƙaddara. Labarin mai ga-ruwa ba shi da wannan fargaba, domin ƙarshensa yaro ya gane cewa abin da Allah ya rubuta ba ya gyaruwa da dabarar mutum, ya mayar da dutsen rijiya.

Daga Kano zuwa Daura tafiyar wuni ma ba ta kai ba. Rijiyar na nan a buɗe ga baƙi. Furodusan da ke ta neman sabon labari a kasakasan Indiya, ya sha mai ya je ya leƙa.

Sai wata na gaba, in Allah ya kai rai.