Zuwa ga Matasan Mawaƙan Kankiya da Kusada: Ku Adana Abin da Kuka Tsara



Ƙannena masu rubuta waƙa da masu rera ta, daga cikin garin Kankiya har ƙauyukan Kusada, sannunku da ƙoƙari. Waƙoƙinku suna yawo a wayoyin mutane, ana jin su a motocin haya kan hanyar Kano zuwa Katsina, ana jin su a wurin walima. Wasu baitocin har tsigar jikina suke tayarwa. Amma in na tambayi mai wayar waƙar wa ce, sai ya ce shi ma turo masa aka yi. Wannan abu yana damuna ƙwarai.

Ku dubi Alhaji Mamman Shata. Ɗan Musawa ne, nan maƙwabtanmu. Ya yi tallan goro da alewa kafin waƙa ta ɗauke shi, kuma a shekarun 1970 ya zama kansila a ƙaramar hukumar Kankiya, muna ƙarƙashin jihar Kaduna a lokacin. Jami'ar Ahmadu Bello ta ba shi digirin girmamawa a 1988, ya rasu a 1999 aka rufe shi a Daura. Ya haura shekara hamsin yana waƙa, amma har gobe ba mai iya cewa ga adadin waƙoƙinsa. Wadda ta shiga faifan garmaho ko kaset ko ma'ajiyar gidan rediyo ita ce ta tsira. Wadda ya yi a dandali da tsakar dare, ba na'ura a kusa, ta bi waɗanda suka ji ta zuwa kabari. In haka ta faru ga Shata da duk sunansa, ina ga mai tasowa? Gani ga wane ya ishi wane tsoron Allah.

Magabatanku na fagen rubutu sun san wannan. Aliyu Namangi na Zariya makaho ne, amma waƙarsa ta Imfiraji tana takarda, ana nazarinta a jami'o'i. Mu'azu Haɗeja ya rasu a 1958 da sauran ƙarfinsa, littafinsa kuwa bai bar makarantu ba. Nana Asma'u ta rasu a 1864, gidan Wazirin Sakkwato ya riƙe takardunta, har aka buga su a littafi guda a 1997. Kuma suna da wata al'ada da nake roƙonku ku farfaɗo da ita: a baitocin ƙarshe mawaƙi yakan faɗi sunansa da garinsu, wani lokaci da yawan baitocin, ya kuma sa shekarar da ya gama ta hanyar ramzi. Duk inda waƙar ta je, da shaidarta take tafe. Mai turi a kasuwa yana iya sauya sunan da ke kan waya, amma ba ya iya cire sunan da aka saƙa cikin amsa-amo sai ya ɓata baitin.

Don haka kowannenku ya sayi littafi mai kwali mai kauri. Duk waƙar da ka gama, ka rubuta ta da hannunka, da boko ko da ajami, ka sa kwanan wata da wurin da ka yi ta da dalilin yin ta. In akwai karin da ka ɗora ta a kai, ka faɗa. Kada ka yage shafin da ka yi gyara, domin mai nazari yana koyon abu da yawa daga ɗangon da ka soke. Kada ka dogara da waya kaɗai, domin tana faɗawa ruwa, ana sace ta, ana sayar da ita ranar da aljihu ya bushe, shafin Facebook ma ana rufe shi.

In ka shiga situdiyo, kada ka cika kuɗin aiki sai an ba ka kwafinka, har da muryarka zalla ba kiɗa. Waƙar siyasa ma ka ajiye ta, ka rubuta wanda ya sa ka. Wata rana za ta yi maka nauyi, na sani, amma tarihin garinku ce.

A Amurka, ɗakin karatun majalisar dokokinsu yana ɗaukar muryoyin mawaƙa suna karanta waƙoƙinsu tun 1943. Mu kada mu zauna jiran irin wannan. Jami'ar Umaru Musa 'Yar'aduwa tana Katsina, ta tarayya tana Dutsin-ma, duk ana nazarin Hausa a cikinsu, ga kuma Hukumar Tarihi da Al'adu ta jiha. Ku haɗa waƙoƙinku ku kai kwafi, ku riƙe na asali a gida.

Akwai kuma tsofaffin malamai a ƙauyukanmu masu waƙoƙin wa'azi da na bege cikin gafaka, gara tana cin gefen takardun. Da an gama girbi ku je ku gaishe su, ku nemi izini ku ɗauki hoton kowane shafi, ku roƙe su su rera muku da karin da suka gada, ku rubuta sunan wanda ya koya musu.

Wassalam.