Wai Margaret Rutherford 'Yar Rakiya Ce?

Haba jama'a! Wani ɗan'uwa ya tashi a taronmu ya ce wai duk macen da ba kyakkyawa ba a fim 'yar rakiya ce. To, ina ya ajiye Margaret Rutherford ta Ingila? Sai da ta shekara 33 ta shiga wasan kwaikwayo, bayan ta sha koyar da kiɗan fiyano. Ba kyau ba ƙuruciya, amma da ta fito mai kiran fatalwa a Blithe Spirit na 1945, ita ta kwashe dariyar 'yan kallo.

A The V.I.P.s na 1963 kuwa, sunan Elizabeth Taylor da Richard Burton aka yi ta yayatawa. Da aka zo rabon Oscar, tsohuwar nan ce ta tafi da shi. Malam, wa ya raka wa?