Hanyar Kerry da darasin neman yardar mai gona

A kudu maso yammacin ƙasar Ailan akwai wani zirin ƙasa mai suna Iveragh, wanda ya kutsa cikin Tekun Atlantika, ruwa ya kewaye shi ta ɓangarori uku. A kansa ne aka shata Hanyar Kerry, tafarkin masu tafiya a ƙafa mai tsawon sama da kilomita 200, wanda ke tashi daga garin Killarney, ya ratsa Glenbeigh da Waterville da Sneem da Kenmare, ya komo inda ya faro. Matafiyi kan yi kamar kwana 9 kafin ya kammala. Ba ya bukatar ɗan rakiya: a kowace mararraba akwai turke ɗauke da hoton mutum mai launin rawaya da kibiya, yana nuna masa inda zai dosa.

An buɗe sashen farko a 1985. Masu aikin ba su fasa dutse ba, ba su zuba kwalta ba. Tsofaffin hanyoyin da makiyaya da fatake suka daɗe suna bi suka binciko, suka haɗa su, suka kafa alamu.

Abin da ya fi jan hankalina shi ne yadda aka yi da masu filaye. Dokar Ailan ba ta bai wa kowa damar ratsa gonar wani don yawon shaƙatawa ba, alhali wurare da dama na hanyar sun bi ta makiyayar tumakin mutane. Ke nan tafarkin yana raye ne bisa yardar manomi, kuma yana da ikon janye ta. Don haka a 2008 gwamnati ta fito da shirin biyan masu filaye ladan kula da sashen da ya ratsa ta wajensu: su sassabe ciyawa, su gyara magudanar ruwa, su duba mashigar shinge. Akwai kuma inshorar da ke kare su idan matafiyi ya ji rauni ya kai ƙara. Su ma matafiya da nasu sharaɗin, domin a wurare da yawa an hana shiga da kare saboda tumaki.

Wani zai ce wannan tsari ba shi da ƙwari, tunda mutum guda na iya toshe hanya. Gaskiya ne, kuma a kan yi saɓani har a karkatar da wani sashe. Amma hanyar da aka ƙwata da ƙarfin hukuma sai an yi ta gadinta, wadda aka samu da yarda kuwa mai gonar ne mai gadinta. Kuɗin da ake ba shi ladan aiki ne, kuma baƙon da ya kwana a ƙauyen ya ci abinci ya bar wani abu a hannun maƙwabcinsa.

Mu a nan mun san makomar tafarkin da aka bari ba alama, ba mai kula. Burtali da yawa haka suka ɓace: wannan ya ci taki ɗaya, wancan ya ci biyu, har aka wayi gari makiyayi da manomi suna fuskantar juna a inda dā hanya take. Ba na cewa yawon buɗe ido da kiwo abu ɗaya ne. Amma tambayar guda ce: wa zai ratsa filin wa, bisa wane sharaɗi, kuma me mai filin zai samu?

Ga ku da ke rubuta takardun manufofi da tsara kasafi a ma'aikatu, shawarata ita ce kada a fara da kwangila da bikin yanke ƙyalle. A fara da zama da masu ƙasa da sarakunansu, a rubuta yarjejeniya, a kafa alama, a ware kuɗin gyara na kowace shekara. Turke ba shi da tsada. Abin da ke da wuya shi ne samun wanda zai tayar da shi idan ya faɗi.