Malamin Da Ya Sayi Shekara 24 Da Ransa

A wannan mako za mu leƙa ƙasar Jamus, mu duba labarin wani malami da ya nemi ya mallaki lokaci ta hanyar sihiri. Sunansa Dakta Faust, kuma yau fiye da shekara 400 ke nan Turawa suna juya labarinsa ba su gaji ba.

Labarin ƙagagge ne, amma yana da tushe. An yi wani mai duba da ake kira Faust wanda ya riƙa yawo gari gari a Jamus. A shekarar 1520 babban limamin kirista na garin Bamberg ya biya shi lada don ya duba masa taurari, a 1528 kuwa hukumar garin Ingolstadt ta kore shi. Bayan mutuwarsa mutane suka yi ta ƙara wa labarinsa gishiri, har a 1587 aka buga shi littafi a birnin Frankfurt. Daga nan ya haye Ingila, inda Christopher Marlowe ya mai da shi wasan kwaikwayo, aka buga a 1604.

A cikin wasan, Faust babban malami ne a jami'ar Wittenberg. Ya ƙure ilmin manɗiƙi da likitanci da shari'a da addini, ya ga duk ba su ishe shi ba. Sai ya kira wani shaiɗani, Mafisto, suka ƙulla ciniki, ya sa hannu da jininsa: shaiɗanin zai yi masa bauta shekara 24, in sun cika ya karɓi ransa.

To, me ya yi da shekarun? A nan darasin yake. Mutumin da ya yi burin juya duniya ya ƙare da wasan yara. Ya ɓace wa idon mutane ya shiga fadar Fafaroma yana wawushe masa abinci. Ya nuna wa sarki Charles na 5 surar Iskandar sarkin Makidoniya, wanda ya mutu tun kafin haihuwar Annabi Isa. Ya kawo wa wata gimbiya ɗanyen inabi a tsakiyar hunturu. Watau yana iya janyo jiya, yana iya kawo amfanin damina cikin rani, amma bai gina kome ba.

Rana dai ba ta ƙarya. Daren ƙarshe agogo ya buga ƙarfe 11, saura sa'a guda. Faust ya roƙi taurari su tsaya, ya roƙi sa'ar ta zama shekara, ko wata, ko mako, ko da yini guda ne, don ya samu damar tuba. Agogo bai saurare shi ba. Da 12 ta buga yana ihu zai ƙone littattafansa, amma da-na-sani ƙeya ce. Duk sihirinsa bai ƙara masa minti ɗaya ba.

Mawallafin nan na Jamus, Goethe, ya shafe kusan shekara 60 yana fama da wannan labari. Kashi na farko ya fito a 1808, na biyu a 1832, shekarar da ya mutu. Shi nasa Faust wata matsafiya ce ta ba shi magani ya koma saurayi, sharaɗinsa kuwa shi ne duk ranar da wani lokaci ya yi masa daɗi har ya nemi ya tsaya, to, ransa ya zama na shaiɗan. Wasu ne suka biya kuɗin wannan ƙuruciya: yarinyar da ya yaudara ta ƙare a kurkuku, wasu tsofaffi biyu mata da miji suka halaka don bukkarsu ta tsone masa ido. A ƙarshe ya makance, yana jin ƙarar shebur yana murna wai ma'aikatansa ne ke haƙa magudanar ruwa, ashe kabarinsa ake tonawa. Goethe ya sa an cece shi, amma ceton bai dawo da waɗanda ya salwantar ba.

Gadon da wannan malami ya bari shi ne sunansa ya zama karin magana. Har yau in mutum ya sayar da mutuncinsa don mulki ko dukiya, Turawa sukan ce ya yi cinikin Faust. Irin wannan ciniki kuwa ba ya bukatar jini ko tsakar dare. Sa hannu guda a takardar ƙarya ya isa, ko shiru a inda ya kamata a yi magana. Mai yi yakan ce wa kansa akwai sauran lokaci, zai gyara daga baya. Haka Faust ya yi ta faɗi har shekara 24.

Allah ya sa mu yi amfani da lokacinmu tun agogo bai buga ba. Sai mako mai zuwa.