Abin da maginan Tumbuktu suka koya wa kudancin Katsina

A 2012 mayaƙan Ansar Dine suka sa diga suka rushe hubbarorin waliyyan Tumbuktu a Mali, ana ɗaukarsu a bidiyo. Bidiyon nan aka kunna a kotun duniya da ke Hague a 2016, inda ɗaya daga cikinsu, Ahmad al-Faqi al-Mahdi, ya amsa laifinsa, aka ɗaure shi shekara 9. Tun a 2015 kuwa maginan garin sun tayar da hubbare 14 da tallafin UNESCO, suna duba tsofaffin hotuna, suna tambayar dattawa. Abin da aka adana kafin ɓarna shi ya sa gyaran ya yiwu.

Asarar da ake yi a ƙauyukan Faskari, Sabuwa, Dandume da Ƙanƙara ba ta da amo irin na Tumbuktu, shi ya sa ta fi ban tsoro. Idan 'yan bindiga suka tashi gari, ba sai sun rushe komai ba. Ginin ƙasa da yaɓe yake rayuwa. Damina biyu babu mai yaɓe, indararo ya toshe, ruwa ya kwanta a kan soro, azara ta saki, sai masallacin da kakanni suka gina ya zauna. Littattafan malam da aka bari a gafaka kuma gara ta gama da su.

Za a ce wanda ya sayar da masararsa ya biya kuɗin fansa ina ruwansa da zanen zaure? Gaskiya ne, rai ne gaba, kuma bai halatta a tura yaro daji don hoto ba. Amma aikin adana gine-gine a hoto da bidiyo ba ya cin kuɗin tsaro, waya ce da natsuwa. Tsofaffin magina da rikici ya koro suna zaune a Funtua da Malumfashi yau, gobe sai Allah. Takarda ba za ta nuna yadda hannu ke murza tubali ko ɗaurin bakan gizo ba, bidiyo zai nuna. Ranar da mutane suka koma garuruwansu, da shi za su gina abin da suka sani.

Ya kamata Hukumar Tarihi da Al'adu ta Jihar Katsina ta haɗa kai da Sarkin Maska da Galadiman Katsina, a fara da tsofaffin garuruwa irin Maska da Gozaki, a ɗauki gine-gine, littattafai da bakin dattawa. A yi shi a ranin bana, kafin ruwa ya sauka.