Wanda Ya Ƙone Littafi Ba Ya Zama Shaida

Akwai wata magana da ta daɗe tana yawo cikin littattafan tarihi, har ta zauna a zukatan mutane kamar gaskiya. Wai mutanen Meksiko, ƙasar nan da ke iyaka da Amurka daga kudu, suna zaune cikin duhun kai, ba rubutu ba ilmi, sai a shekarar 1519 da wani mayaƙin Sifen mai suna Kortes ya sauka gaɓarsu da sojoji kamar 500, ya kawo musu haske. Wannan magana ƙarya ce. Abin da ya fi ɓata mini rai kuwa shi ne, waɗanda suka fara yaɗa ta su ne suka ɓatar da hujjar da za ta ƙaryata su.

Mu fara da abin da ke gonarka, ya kai mai karatu. Mu kan ce masara, kamar daga Masar ta fito, alhali asalinta Meksiko ne. A kwarin wani kogi da a ke kira Balsas, kimanin shekara 9,000 da suka wuce, manoma suka sami wata ciyawa mai ɗan zangarniyar da ba ta kai tsawon yatsa ba, ƙwayarta 'yan kaɗan ce, ga tauri kamar tsakuwa. Suka yi ta zaɓen iri, uba ya bar wa ɗa, ɗa ya bar wa jika, har ta zama goyon masarar da ka ke gasawa da kaka. Duk manomin da ya taɓa ware irin gero mai kyau ya rataye a rumbu ya san wannan ba aikin wawa ba ne. Barkono ma can aka fara noma irinsa da yawa, tumatir kuwa har sunansa daga harshensu na Nahuatl ya samo tushe.

Ba su tsaya ga noman ba. Sun gane cewa in za a ci masara kullum, sai an dafa ta da ruwan toka ko farar ƙasa kafin a niƙa. Turawa suka ɗauki masarar suka bar dabarar, don a ganinsu me baƙauye zai koya musu? Bayan shekarar 1700 sai ga wani ciwo, wanda likitoci ke kira pelagra, ya faɗa wa talakawan arewacin Sifen da Italiya masu rayuwa a kan masara: fata ta lalace, ciki ya ɓaci, daga baya hankali ya gushe. Aka yi fiye da shekara 200 ana nema kafin a gano cewa wani sinadarin abinci ne ya yi ƙaranci, wanda tokar nan ke fito da shi daga cikin ƙwayar.

To, birninsu fa? Aztek sun kafa Tenochtitlan a shekarar 1325, a kan tsibiri a tsakiyar tabki. Suka ɗaga manyan hanyoyi uku bisa ruwa zuwa tudu, suka jawo ruwan sha ta magudana daga Chapultepec, suka tara laka cikin tabkin suka yi fadamu masu ba da amfani rani da damina. Suna da makarantu iri biyu, ɗaya ta 'ya'yan sarakuna, ɗaya ta 'ya'yan talakawa. Kortes da kansa ya rubuta wa sarkinsa cewa kasuwar birnin na tara mutum fiye da 60,000 kowace rana, da alƙalai a zaune suna duba mudu da ciniki. In ba ƙira, me ya ci gawayi?

Na san abin da mai gardama zai ce: ai suna yanka mutane don gumakansu. Gaskiya ne, sun yi, kuma mugun abu ne wanda ba wani mai hankali da zai wanke shi. Sun kuma matsa wa maƙwabtansu da haraji, abin da ya sa mutanen Tlaxcala dubbai suka bi bayan Kortes. Da su, da cutar agana da ta shiga birnin a 1520, aka ci Tenochtitlan ran 13 ga Agusta, 1521, ba da jaruntakar mutum 500 ba. Amma zalunci daban, jahilci daban. In zub da jini shi ke kore ilmin al'umma, to masu cin ƙasar su ma ba su tsira ba, domin tsakanin aikin tilas a ramukan azurfa da annobar 1545 da ta 1576, kafin shekara ɗari ta cika mafi yawan mutanen ƙasar sun ƙare.

Ga inda maganar ta fi ciwo. Mutanen Maya, a yankin Yukatan, suna da rubutu cikakke, suna yin takarda da ɓawon itace, su naɗe ta ninki-ninki. Sun san sifiri cikin lissafi. Shekararsu wata 18 ce, kowane wata kwana 20, da ƙarin kwana 5, watau 365 daidai, suna kuma lissafa lokacin husufi da fitowar Zara. A watan Yuli na 1562, a garin Mani, wani limamin coci mai suna Diego de Landa ya sa aka tara littattafansu aka cinna musu wuta. Ya rubuta da hannunsa cewa mutanen sun yi baƙin ciki ƙwarai, kamar ma abin ya ba shi mamaki. Yau littattafan Maya na kafin zuwan Turawa huɗu kaɗai suka rage a duniya. Ka ƙone wa mutum takardar gonarsa, sa'an nan ka tsaya gaban alƙali ka rantse ba ka taɓa ganinsa da takarda ba! Kada a ce na rufe laifin wani, sarkin Aztek Itzcoatl ma an ruwaito ya ƙone tsofaffin littattafai wajen 1430, don a sake rubuta tarihi yadda ya ke so. Halin masu mulki ne, amma nasa bai shafe rubutun ƙasar baki ɗaya ba.

Allah da ikonsa, shi dai Landa ɗin ya rubuta wasu alamomin rubutun Maya cikin littafinsa, bai ko fahimce su sosai ba, kuma da su ne wani masanin Rasha, Yuri Knorozov, ya buɗe hanyar karanta rubutun a 1952. Wani limamin kuma, Bernardino de Sahagun, ya yi abin kirki. Ya zauna da dattawan Aztek shekara da shekaru, shi da almajiransa 'yan ƙasa, suka rubuta littafi mai kashi 12 cikin Nahuatl da Sifananci.

Meksiko ta sami 'yancin kai a 1821. Ta sa gaggafar tatsuniyar Aztek a tutarta, ta kuma taɓa naɗa Benito Juarez shugaba, maraya ɗan ƙabilar Zapotek wanda ya yi kiwon tumaki, bai iya Sifananci ba sai da ya kai shekara kamar 12. Duk da haka an daɗe ana girmama kakanni a gidan tarihi ana raina jikoki a kasuwa, ana hana yara yin harshen iyayensu a makaranta. Sai a 2003 doka ta ɗauki harsunan 'yan ƙasa a matsayin harsunan ƙasa, waɗanda a ke lissafa su 68. Masu jin Nahuatl har yanzu sun fi miliyan ɗaya da rabi. Littafin Sahagun kuwa yana ajiye a birnin Florence na Italiya, uku daga littattafan Maya suna Dresden da Madrid da Paris, na huɗun ne kaɗai ke birnin Meksiko.