Samanja Mazan Fama Da Hausar Bariki

Ran 12 ga Nuwamba, 2023, Allah Ya yi wa Alhaji Usman Baba Pategi rasuwa a Kaduna, yana da shekara fiye da tamanin. Ba kowa ne ya san wannan suna ba, amma da an ce Samanja Mazan Fama, to, tun daga Sakkwato har Idi-Araba da Agege a Ikko, da wuya a sami dattijon da ba zai yi murmushi ba kafin ya ce Allah Ya jiƙansa.

Abin da akasarin jama'a kan mance shi ne mutumin nan Banufe ne, ɗan gidan sarautar Pategi a bakin kogin Kwara, inda aka haife shi cikin 1942. Ya yi makaranta a Pategi da Ilori, ya zo Kaduna ya kama aiki a gidan rediyo, sa'an nan ya shiga soja zamanin yaƙin basasa. A Apapa, cikin Ikko, aka horar da shi aikin sigina, bai kuwa tuɓe kaki ba sai 1985.

A bariki ya tsinci jarinsa. Barikin soja kasuwar harsuna ce, inda Tibi da Angas da Babarbare da Bayarabe kowa ya ari Hausa ya yafa, ya surka ta da Turancin fareti, mace ta koma namiji, namiji ya koma mace, amma dai ana fahimtar juna, ana cin tuwo kwano ɗaya. Masu taƙama da Hausar Kano ko ta Katsina sun daɗe suna yi wa wannan Hausa kallon hadarin kaji. Samanja ya ɗauke ta yadda take, bai wanke ta ba, ya kai ta rediyo da talabijin na Kaduna. Kada kuwa a mance, yawancin shekarun nan soja ke riƙe da ƙasa, talaka in ya hango kaki sai ya sake hanya. Sai ga shi yana zaune a tsakar gidansa yana ƙyalƙyala dariya ga samanja mai tsawa da zare ido, wanda shi ma yakan yi kuskure ya sha kunya kamar kowa.

Mazauna Idi-Araba sun fi kowa sanin zafin wannan magana, domin yaran da aka haifa a can Hausarsu a surke take da Yarbanci, in sun je gida Arewa ganin dangi sai a yi ta kwaikwayon bakinsu. Haka abin yake a Amurka ga 'ya'yan mutanen Meziko, irin su George Lopez, wanda aka haifa a Los Angeles cikin 1961, ya yi suna da ban dariya kan rayuwar gidajensu, yana gauraya Turanci da Sifaniyanci.

Masu wasan ban dariya da suka biyo baya a finafinan Hausa, da yawansu sun ci gaba da kwaikwayon bakin Bayarabe da Bagwari da Bafulatani, sai dai galibi daga waje suke yi, don a yi wa mai bakin dariya. Samanja kuwa a cikin barikin ya kwana ya tashi shekara da shekaru, mutanen da yake kwaikwayo kuma su ne abokan faretinsa.